Wa ke nemo tsofaffin hotunan nan na cikin dokumantari?

Duk wanda ya saba kallon dokumantari, na yaƙi ne ko na siyasa ko na rayuwar wani mawaƙi ko ɗan ƙwallo, ya san wurin nan da mai bayani zai ce a shekara kaza abu kaza ya faru, sai kawai a sako maka tsohon hoto baƙi da fari yana ɗan rawa, sojoji na maci ko jama'a na guje-guje a titi, sakan huɗu sakan biyar ya wuce. Kai kuma shikenan ka yarda, baka ma tsaya tambaya ba, ai gani ya kori ji. To wannan ɗan sakan biyar ɗin ba daga sama ya faɗo ba, akwai wanda ya bi sawunsa, wataƙila sati da satuttuka, har ya gano a wace ƙasa yake, a hannun wa, wa ya ɗauka, yaushe aka ɗauka, sannan ya zauna ya yi ciniki da masu shi har suka ba da izini a rubuce. Sunansa na can ƙasan jerin sunayen ƙarshen fim, lokacin da kowa ya riga ya tashi. Wani ana kiransa mai binciken taska, na sama da shi kuma furodusan taska, shi ke riƙe da kasafin kuɗi da takardun yarjejeniya, amma a ƙaramin fim mutum ɗaya ne ke ɗaukar kayan gaba ɗaya.

Ni dai a ganina duk cikin ma'aikatan dokumantari ba wanda amana ta fi yi wa nauyi a wuya kamar wannan mutumin, kuma ba wanda aka fi saurin zaftare wa kuɗi in kasafi ya matse kamar shi.

Sana'ar ba ta yau ba ce. Tun 1927 wata edita a Tarayyar Sobiyet mai suna Esfir Shub ta haɗa fim sukutum kan faɗuwar gidan sarautar Romanov, ba 'yan wasa ba komai, tsofaffin faifan labarai ta dinga tonowa daga ɗakunan ajiya masu danshi, har da waɗanda masu ɗaukar hoton fadar sarkin Rasha suka ɗauka don nuna isa da ƙasaita. Sai ta jera hoton manyan mutane suna cashewa a kan jirgin ruwa, ta biyo shi da na talakawa suna haƙar ƙasa, nan take hoton da aka ɗauka don yabon masu mulki ya koma shaida a kansu. Kaga tun daga farko an san tsohon hoto bai da baki, abin da aka ajiye a gefensa shi ke ara masa baki, kuma wanda ya zaɓo hoton yana da kaso a duk abin da aka sa shi ya faɗa.

Yadda aikin ke tafiya yau da kullum ba wani armashi gare shi ba in ka kalle shi daga nesa. Darakta ko edita zai miƙo jerin buƙatu, a nemo min shugaba wane yana saukowa daga jirgi, a nemo min kasuwar garin kaza kafin yaƙi, a nemo min ranar da aka yanke hukuncin nan a kotu. Mai bincike sai ya fara da manyan gidajen da kowa ya sani, irin su British Pathé da taskar AP da ta Reuters da ta BBC da INA ta Faransa da Getty, da taskokin gwamnatoci irin ta ƙasa ta Amurka, da gidan tarihin yaƙi na Landan. British Pathé kaɗai a 2014 ta zuba fina-finai kusan 85,000 a YouTube, shi ya sa mutane da yawa ke ɗauka wai komai yana intanet yanzu, ka rubuta ka danna kawai. Ina! Abin da aka mayar zuwa kwamfuta ɗan tsiraru ne in aka kwatanta da abin da ke jibge cikin gwangwanaye da kwalaye, wani ma ba a taɓa buɗe shi ba tun ranar da aka rufe.

Ba ma a nan gizo ke saƙar ba, a kundin rajista yake. Wanda ya rubuta bayanin faifan nan wani akawu ne shekara sittin ko saba'in da suka wuce, da kalmomin zamaninsa da son zuciyar zamaninsa, ya rubuta sunan gari ba daidai ba, ƙasar ma ta canza suna tun tuni, mutumin da yau duniya ke kira gwarzon 'yanci shi a katinsa ɗan tawaye ne ko ɗan ta'adda, wani lokacin ma ba suna, an dai rubuta wasu 'yan ƙasa sun taru. Dole mai bincike ya shiga kan wannan akawun ya yi tunani irin nasa kafin ya samu abin da yake nema. Ƙwararru kuma basa tsayawa kan labarin da aka tace aka watsa, ragowar da aka yanke aka watsar suke tambaya, da takardar da mai kyamara ya cike a ranar yana bayanin abin da ya ɗauka bi da bi, don sau tari abin da editan labarai na wancan lokacin ya ga ba shi da amfani shi ne zinariya yau.

In an samu, gidan taska zai turo kwafi mai rauni don dubawa kawai, da tambarinsu ɗauke a tsakiyar hoton da lambobin lokaci suna gudu a ƙasa, da shi edita zai yi ta aiki wata da watanni. Shi kuma mai bincike yana gefe da wani dogon jadawali a kwamfuta, layi ɗaya ga kowane yanki na hoto: daga ina ya fito, lambarsa, daga sakan na nawa zuwa na nawa aka ɗiba, wa ke da haƙƙi, nawa ya ce, an sa hannu ko ba a sa ba. Babban fim sai layukan su kai ɗaruruwa har dubbai. Edita ya canza ra'ayi da daddare ya cire wannan ya sa wancan, gari na wayewa jadawali ya koma ƙarya sai an sake bi. Sai ranar da aka ce an kulle hoto ba sauran canji, sannan a ƙirga sakan-sakan a biya, a karɓo kwafin asali mai tsabta a maye gurbin kowane ɗaya. A nan ne ake gane wanda ya iya aiki, don in ya zamana akwai yanki ɗaya da edita ya sauko da shi daga intanet ba a san mai shi ba, kuma darakta ya riga ya ƙwallafa rai a kai, to an shiga uku.

Daɗin aikin kam akwai shi, kuma shi ke riƙe mutane a ciki. Fim ɗin Apollo 11 na 2019, kan tafiyar da ta fara kai ɗan adam duniyar wata, ya tsayu ne kan wasu manyan faifai masu faɗin milimita 65 da aka gano a taskar ƙasa ta Amurka, da sautin da ya haura awa 11,000 na maganganun ma'aikatan NASA, hukumar sararin samaniyar Amurka. Furodusan taskar fim ɗin, Stephen Slater, ɗan Birtaniya, ya daɗe yana wani aiki da sai mai haƙurin gaske: hotunan ɗakin sarrafa tafiyar ba su da sauti, sautin kuma an naɗe shi daban, shi ne zai zauna yana kallon laɓɓan mutum da motsin hannunsa yana lalube cikin sauti har ya dace da daidai kalmar da ya furta a 1969. Haka bikin kiɗan unguwar Harlem da ke New York na 1969, Hal Tulchin ya ɗauki kusan awa 40 na su Stevie Wonder da Nina Simone, ya nemi mai saye ya rasa, kaset ɗin suka yi kusan shekara hamsin a ajiye kafin a yi Summer of Soul da su, fim ɗin da ya ci Oscar a 2022. Amma kar a ɗauka kullum haka take, galibi allura ce cikin ruwa, kuma sau da yawa sai a gama lalube a tarar ba allurar ma.

Sai batun kuɗi, wanda shi ke cinye rabin rayuwar furodusan taska. Gidajen kasuwanci da sakan suke sayarwa, daloli gommai kan kowane sakan, wani ya haura ɗari, kuma yawanci akwai mafi ƙarancin da zaka saya ko da sakan uku kake so. Farashin kuma ya danganta da abu uku, a ina za a nuna, ƙasa ɗaya ko duniya duka, ta wace hanya, talabijin ko silima ko intanet, sannan na shekara nawa, biyar ko goma ko har abada. Mai ƙaramin ƙarfi sai ya sayi na shekara biyar don shi aljihunsa zai ɗauka, ya ce in Allah ya kai mu a sabunta. Abin da ya faru da Eyes on the Prize kenan, shirin Henry Hampton kan gwagwarmayar baƙaƙen fatan Amurka da aka fara nunawa a 1987, lasisin hotuna da waƙoƙin ciki suka ƙare, shirin da malaman makaranta ke koyar da tarihi da shi ya ɓace daga talabijin da kasuwa na tsawon shekaru, sai a 2006 ya dawo bayan gidauniyar Ford da wasu sun zuba kuɗi an sake sayen izini. Tarihin mutane ne da suka sha duka da ɗauri a titi, amma sai da aka sake biya kafin jikokinsu su gani.

Kuma haƙƙin ba ɗaya ba ne, hawa-hawa ne. Wanda gwangwanin ke hannunsa daban, mai haƙƙin mallakar abin da ke ciki daban. Dubi hoton kisan shugaba Kennedy na Amurka da Abraham Zapruder ya ɗauka da 'yar kyamararsa ta gida ranar 22 ga Nuwamba 1963, sakan 26 ne kacal, firem 486. Mujallar Life ta saya kan dala 150,000, daga baya a 1999 aka yanke gwamnatin Amurka ta biya iyalansa dala miliyan 16, kuma wannan kuɗin na zaren fim ɗin ne kawai, haƙƙin mallaka yana hannun iyalan har suka ba gidan tarihin da ke Dallas, garin da aka yi kisan, kyauta. To haka abin yake ko a ƙananan hotuna. Ka biya gidan talabijin kuɗin hoton, sai ka ji akwai waƙa na tashi a rediyo a bayan mai magana, waƙar na da mai ita, wanda ya rubuta daban kamfanin da ya naɗa daban, ga zane a bango shi ma da mai shi, in wasan ƙwallo ne hukumar gasar na jiranka. Jawabin Martin Luther King na 1963 ma har gobe magadansa ke riƙe da haƙƙinsa. A Amurka doka ta bar wata ƙofa ta amfani da ɗan yanki ba izini in sharhi ko suka ake yi a kansa, kuma tun da masu dokumantari suka fitar da takardar ƙa'idojinsu kan haka a 2005 da taimakon Patricia Aufderheide da Peter Jaszi ƙofar ta ƙara buɗuwa, amma sai lauya ya duba ya sa hannu kamfanin inshora ya yarda, don ba tashar da zata karɓi fim ba inshorar kariya daga ƙara. Wata ƙasar kuma dokarta ta fi haka tsauri, fim ɗin da ya halatta a nan sai ya zama matsala a can.

Duk wannan wahala ce, amma wahalar da ake iya koya. Inda nake ganin aikin ya zama na amana shi ne tantancewa. Malaman hadisi basa karɓar magana don ta yi daɗi a kunne, sai sun ji wa ya faɗa, daga wa ya ji, shi wancan ɗin mai gaskiya ne ko a'a, sun ma haɗu kuwa. Mai binciken taska na kirki haka yake yi wa hoto isnadi: wa ya riƙe kyamarar, wa ya biya shi, wa ya ba shi izinin tsayawa a wurin, me aka hana shi ɗauka, ta hannun wa da wa faifan ya bi kafin ya iso. In isnadin ya yanke a hanya dole ya faɗa wa darakta, ko da hoton ya fi kowanne kyau.

Ga misalin da ya fi tsaya min a rai. A watan Mayun 1942 masu ɗaukar hoton Nazi sun shiga unguwar da aka killace Yahudawa a Warsaw, babban birnin Poland, suka ɗauki fim na kusan awa ɗaya, ba a ƙarasa shi ba, ba sauti. Bayan yaƙi aka tsince shi a taskar Jamus ta Gabas, kuma shekara da shekaru masu dokumantari da gidajen tarihi suna yankar sa suna nunawa a matsayin ga yadda rayuwa take a ciki. Sai a 1998 wani mai binciken fim ɗan Birtaniya, Adrian Wood, ya ci karo da wani faifai a Amurka, ragowar da aka yanke ne daga wancan ɗaukar. A ciki sai ga abu ɗaya ana maimaita shi sau da yawa, a ce wa mutane ku koma ku sake tahowa, ga masu kyamarar kansu suna faɗowa cikin hoto. Wato wuraren da ke nuna masu hali cikin kwalliya suna wucewa ta gaban gawa da mayunwata ko a jikinsu, shirya su aka yi, an tilasta musu ne, don a nuna wa duniya wai su ma basa tausayin junansu. Yunwar gaskiya ce, gawarwakin gaskiya ne, amma labarin da aka ɗora a kai ƙarya ce ta wanda ya kashe su. Yael Hersonski ta yi fim kan wannan a 2010, A Film Unfinished. Faifai ɗaya da mutum ɗaya ya kula da shi ya canza yadda ake karanta hoton da aka yi shekara arba'in ana yarda da shi.

Wannan ba shi kaɗai ba ne. Fim ɗin 1916 kan gumurzun Somme na yaƙin duniya na ɗaya, wanda aka sayar da tikitinsa kusan miliyan 20 a Birtaniya cikin sati shida, mafi yawansa na gaske ne, amma wurin da ya fi shahara, inda sojoji ke haurowa daga rami wasu na zubewa, masana sun daɗe da nuna cewa shirya shi aka yi nesa da fagen daga, kuma har yau ana sako shi kamar a tsakiyar wuta aka ɗauka. Sannan akwai ƙananan ƙaryace-ƙaryacen yau da kullum da ba mai kula da su: babu hoton harin ranar Talata sai a sa na wani gari na wata shekara tunda hayaƙi duk hayaƙi ne, tankar da ba a ƙera ba sai 1943 ka ganta tana yawo a labarin 1940, hoto bebe a ɗora masa ƙarar bindiga da kukan mata, tsohon hoto mai kusan murabba'i a datse masa sama da ƙasa don ya cika faffaɗan allon zamani har a yanke kan wani. Mai bincike ne kaɗai a ɗakin ya san an yi haka, kuma shi ne mafi ƙarancin iko a ɗakin. Zai ce ranka ya daɗe wannan ba ranar ba ce, a ce masa wa zai gane. Wani ya dage, wani ya gaji ya yi shiru don yana son a sake kiransa aiki na gaba.

Ni ban ce duk taɓa hoto haramun ba ne. Abin da Peter Jackson ya yi a They Shall Not Grow Old a 2018, ya gyara gudun hotunan yaƙin duniya na ɗaya da aka ɗauka da kyamarar da ake juyawa da hannu, ya sa musu launi, ya kawo masu karanta laɓɓa suka gano me sojojin ke cewa aka sa 'yan wasa suka faɗa, ya sa matasa da yawa sun ga waɗannan sojojin a matsayin mutane a karo na farko, kuma bai ɓoye abin da ya yi ba. Masana tarihi da dama sun yi ƙorafi, kuma suna da hujja, don launin zato ne, muryar ta aro ce. Inda na tsaya shi ne a faɗa wa mai kallo. In ka faɗa, ka bar masa hankalinsa ya yi hukunci, in ka ɓoye ka yi masa fashin yardarsa.

Ga kuma lokaci da ke cin kayan aikin kansa. Fim ɗin da aka yi amfani da shi har wajen 1950 na sinadarin naitiret ne, yana ruɓewa ya zama gari, in ya kama wuta ko ruwa baya kashe shi. Gobarar ma'ajiyar kamfanin fim na Fox a 1937 ta lashe mafi yawan fina-finansu na zamanin bebe, ta 1978 a ma'ajiyar gwamnatin Amurka da ke Suitland ta cinye ƙafa miliyan 12.6 na faifan labaran kamfanin Universal, kuma binciken ɗakin karatun majalisar Amurka na 2013 ya nuna kusan kashi 70 cikin ɗari na dogayen fina-finan bebe na ƙasar sun tafi har abada. Irin fim ɗin da ya gaji na naitiret baya cin wuta haka, amma shi ma yana da cutarsa, kana buɗe gwangwani wani warin tsami ya bugi hancinka ka san ya fara lalacewa, zaren ya takure ya lanƙwashe ya ƙi shiga inji. Kaset ya fi ban tausayi, gidajen talabijin har da BBC sun yi ta goge shirye-shirye suna naɗar sabo a kai don tsadar kaset, NASA da kanta ta amsa a 2009 cewa an goge kaset ɗin asali na saukar wata. Waɗanda suka tsira kuma injin kunna su ke ƙarewa, kamfani na ƙarshe da ke ƙera injin kunna kaset ɗin bidiyo na gida, Funai, ya daina a 2016, masu gyaran injinan suna tsufa.

Wani abin da ba a cika faɗa ba shi ne taska ba ta adalci, abin da mai kyamara ya ga dama shi ta ajiye, kuma kyamara a hannun mai mulki da mai kuɗi take. Ƙasashen da aka yi wa mulkin mallaka mafi yawan hotunan kakanninsu suna Landan da Faris da Brussels da Lisbon, waɗanda suka mulke su ne suka ɗauka, ta fuskar da suke so. Birtaniya ta kafa sashen fina-finan mulkin mallaka a 1939, Faransa kuma tun 1934 ta yi dokar Laval da ta hana ɗaukar fim a yankunanta na Afirka sai da izinin hukuma. Yau ɗan Kwango ko ɗan Indiya ko ɗan Aljeriya da ke son ba da labarin ƙasarsa sai ya biya da kuɗin waje, sakan-sakan, kafin ya nuna fuskar kakansa. Wannan abu yana min ciwo gaskiya, duk da na san adana fim cikin sanyi shekara tamanin ba kyauta ba ne, wani ne ya biya. Mai bincike mai basira a nan yake nuna kansa, ya san in ƙofar gaba ta yi tsada ko ta yi ƙarya akwai ta gefe. Göran Olsson ya samo hotunan gwagwarmayar baƙaƙen Amurka a taskar talabijin ɗin Suwidin, inda 'yan jaridar suka je da wata fuskar daban, ya yi The Black Power Mixtape a 2011. Wasu kuma gida-gida suke bi, bidiyon biki da na suna da wanda wani kawu ya ɗauka da kyamararsa, irin kayan da Asif Kapadia ya gina Amy, fim ɗinsa kan mawaƙiya Amy Winehouse, da su a 2015. Wannan kuma ba kuɗi ke buɗe shi ba, sai an zauna da iyali an sha shayi an dawo an sake dawowa, don abin da kake roƙo shi ne hoton mamacinsu.

To ta ina ake shiga sana'ar? Ba wata hanya ɗaya. Wasu tarihi suka karanta, wasu aikin jarida ko na laburare, wasu a gidan taska suka fara suna rubuta bayanin faifai, wasu mataimakan edita ne da aka lura suna da naci. Abin da ake bukata shi ne ido mai riƙe hoto, wanda zai ga sakan biyu ya ce na taɓa ganin wannan a wuri kaza, da sanin tarihi har na kayan sawa da motoci da lambar mota, da yare fiye da ɗaya in da hali, da iya ciniki, da iya rubuta wasiƙa ta biyar ga wanda bai amsa huɗu ba ba tare da an ji haushi a ciki ba. Rabin jarin mutum kuwa mutanen da ya sani ne, ma'aikaciyar taskar da zata ce bari in duba maka wani kwali da ba ya cikin rajista. Galibinsu aikin kwantiragi suke, wata uku nan wata shida can, tsakani kuma zaman jira. Suna da ƙungiya, FOCAL International, da aka kafa a 1985, tana ba da kyaututtuka duk shekara har da ta gwarzon mai bincike, amma a wajen da'irarsu ba wanda ya san su. Kukansu na kullum shi ne ana kiransu a makare, an riga an rubuta labari an kashe kuɗi a ɗauka, sannan a ce su nemo hoton da zai tabbatar da abin da aka riga aka yanke, alhali da an kira su tun farko da abin da ke cikin taskar ne zai nuna inda labarin yake. Ga wani nauyin da ba a biyan kuɗinsa, wanda ke aiki kan yaƙi ko kisan kiyashi shi ke kallon awa ɗari na gawarwaki don ya zaɓo sakan goma da mai kallo zai iya jurewa, ya tashi ya tafi gida da sauran a kansa.

Yanzu kuma ga ƙirƙirarriyar basira, wato AI, ta shigo. A 2021 aka yi ta cece-kuce da aka gano fim ɗin Roadrunner ya sa na'ura ta kwaikwayi muryar Anthony Bourdain, shahararren mai girki kuma mai shirin talabijin da aka yi fim ɗin a kansa, wanda ya rasu a 2018, tana karanta wasu kalamai da ya rubuta amma bai taɓa furtawa a naɗe ba, kuma ba a gaya wa masu kallo ba. Daga nan abin sai gaba yake, yau furodusa na iya cewa me zai sa in biya dubban daloli in jira wata biyu, bayan cikin minti biyar na'ura zata ƙera min titin 1955 da ƙurarsa da karcensa kamar gaske. Wannan ne ya sa masu sana'ar a Amurka suka kafa ƙungiyar Archival Producers Alliance a 2023, suka fitar da ƙa'idoji a 2024, kuma basu ce a haramta ba, cewa suka yi a fifita hoton asali, a bayyana wa mai kallo duk inda aka ƙera, a kiyaye mutuncin mutanen da ake kwaikwaya. Tsoronsu, wanda ni ma shi ne nawa, ba fim ɗaya ba ne, hoton bogi in ya fita daga fim ya shiga intanet an yanke shi daga bayaninsa, bayan shekara goma wani mai binciken zai tsince shi a matsayin tarihi, ya sa a nasa fim ɗin, daga nan ya samu isnadin da bai cancanta ba.

Kayan da masu bincike na gaba zasu yi aiki da su kuwa ba a gwangwani suke ba, a wayoyin mutane suke da shafukan kamfanonin da basu yi wa kowa alkawarin ajiya ba. A 2017 na'urar tace bidiyo ta YouTube ta sauke dubban hotunan yaƙin Siriya da mutanen gari suka ɗauka da wayoyinsu, ta ɗauke su a matsayin farfagandar ta'addanci, sai da ƙungiyoyi irin su Syrian Archive suka tashi tsaye aka dawo da wasu, wasu kuma masu su sun mutu ko wayar ta salwanta. Shi ya sa masu aikin a yanzu da sun ga bidiyo abu na farko da suke yi shi ne neman wanda ya ɗauka da hannunsa, su roƙi fayil ɗin asali daga wayar ba wanda ya zaga WhatsApp sau ɗari ba, don a cikinsa ne ranar ɗauka da irin wayar, wani lokacin har da wurin, suke a rubuce, sannan su gwada inuwa da gine-ginen cikin hoton da taswirar tauraron ɗan adam kafin su ƙara layi a jadawalinsu.